Yadda Na Gina Makarantar Tunani Wadda Ba Ta Taɓa Wanzuwa Ba

Ƙagaggen labarin da nake rubutawa yana faruwa ne a wani gari da babu shi a taswira, gari mai ganuwa a kan hanyar fatake, inda manoma da makiyaya da baƙin 'yan kasuwa masu harsuna dabam-dabam suke shan ruwan rafi guda. Tun ina tsara babin farko na fahimci cewa mutanen da suka yi ƙarnuka suna zaune tare a irin wannan wuri ba za su rasa wata hanya tasu ta kallon saɓani ba, kuma muddin ban san wannan hanya ba, duk maganar da zan sa a bakin dattawansu holoƙo za ta fito. Saboda haka na jingine labarin, na ɗauki sabon littafin rubutu, na shiga aikin ƙirƙiro musu makarantar falsafa sukutum, da asalinta da ƙa'idojinta da abokan adawarta. Tambayar da na rubuta a shafin farko ita ce: idan mutum biyu masu hankali, waɗanda ba a san su da ƙarya ba, suka ga abu ɗaya amma suka ba da labari biyu, yaya gari zai yi da su?

Da karatu na fara, domin bai dace in ƙago abin da wasu suka shafe shekaru dubbai suna sassaƙawa ba alhali ban san da shi ba. Inda na fi daɗewa shi ne wajen mabiya addinin Jain na ƙasar Indiya, waɗanda ƙidayar shekarar 2011 ta nuna yawansu kimanin miliyan 4.5 ne kacal, amma suna da tsarin tunani a kan wannan tambaya wanda ban ci karo da mai tsanaki kamarsa ba. Suna kiransa anekantabada, suna kuma jingina tushensa ga Mahabira, wanda ya rayu a yankin Bihar na yanzu a zamani ɗaya da Buddha, ƙarnuka kafin haihuwar Annabi Isa, Alaihis Salam. Abin da suke cewa shi ne kowane abu yana da fuskoki marasa iyaka, mai magana kuwa fuska ɗaya yake iya kamawa a lokaci guda, don haka kowace magana ta gaskiya sai an ɗaura mata sharaɗin "ta wata fuska". Misalin da malamansu suka fi kawowa shi ne na tulu. Tulun yana nan idan aka dubi yumɓun da aka gina shi da shi, da wurin da yake ajiye, da lokacin da ake maganar, da siffar da yake cikinta; amma ba ya nan idan ana nufin tulun ƙarfe, ko wani gari, ko wani zamani. Idan kuma aka so a faɗi kasancewarsa da rashin kasancewarsa a numfashi guda, harshe ya gaza, sai a ce abin ba ya faɗuwa. Daga waɗannan uku suka harhaɗa hanyoyi bakwai na furta hukunci a kan abu. Abin da ya kama zuciyata a nan shi ne sharaɗin nasu ya ɗora wa mai magana nauyi a maimakon ya sauke masa, domin dole ya bayyana da wane abu, a ina, yaushe, kuma a wane hali yake magana. Sun kuma ƙara da cewa ra'ayi yana nan daidai a cikin iyakarsa, yana zama ɓata ne a ranar da ya ce shi kaɗai ne.

Sauran wuraren da na leƙa ban zauna ba sosai. Zhuangzi na ƙasar Sin, a ƙarni na 4 kafin miladiyya, ya yi tambayar da har yanzu nake tunawa: mutum idan ya kwana a wuri mai danshi bayansa ya yi ciwo, kifin taɓo kuwa nan ne gidansa, to a cikinsu wa ya san wurin kwana na gaskiya? Tierno Bokar, malamin Bandiagara a ƙasar Mali, almajirinsa Amadou Hampaté Bâ ya ruwaito yana cewa gaskiya uku ce, tawa da taka da kuma Gaskiyar kanta. Shahararren labarin makafi da giwa, inda kowane makaho ya taɓa sashe ɗaya na jikinta ya ɗauka shi ne giwar, wanda ya taso daga Indiya, Imam Gazali ya kawo shi, Jalaluddin Rumi kuma ya mayar da shi giwa a ɗaki mai duhu, na yanke shawarar ba zan yi amfani da shi ba ko kaɗan. Mai ba da wannan labari yana ganin giwar gaba ɗayanta, shi ya sa yake iya tausaya wa makafin, ni kuwa a garina babu mahaluƙin da yake da irin wannan ido.

A gida na sami abin da ya fi ƙarfafa mini gwiwa. Bayan yaƙin Handaƙ, a shekara ta 5 bayan hijira, Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya umarci sahabbai kada kowa ya yi sallar la'asar sai a Banu Ƙuraiza. Lokacin sallar ya riske su a hanya, wasu suka yi ta nan take suna ganin gaggawa ake nufi, wasu suka jinkirta suna bin lafazin umarnin, da aka kai masa labari kuma bai tsawata wa ko ɗaya daga ɓangarorin ba. Malaman usulul fiƙhu sun daɗe suna muhawara a kan ko kowane mai ijtihadi ya dace, ko kuwa ɗaya ne ya dace sauran suka sami lada a kan ƙoƙarinsu, kuma masu ra'ayi na biyu suna kafa hujja da hadisin da ya ce alƙali idan ya yi ijtihadi ya dace yana da lada biyu, idan ya kuskure yana da ɗaya. An kuma ruwaito cewa Imam Malik, wanda ya rasu a shekarar 179 bayan hijira, ya ƙi yarda halifa ya tilasta wa dukan garuruwa bin littafinsa Muwaɗɗa, saboda sahabbai sun watsu a ƙasashe kuma kowace ƙasa ta riƙi abin da ya iso mata. Wannan duka a kan rassan hukunci ne, ba a kan tushen imani ba, kuma a nan ne na ja wa makarantata iyakar farko. Ba ta tsoma baki a sha'anin gaibu. Fagenta shi ne abin da mutane suka gani da abin da suke bin juna. Ni a karan kaina na yi imani gaskiya a wurin Allah ɗaya ce, yawan fuskokinta daga gajartar ganinmu yake, kuma a kan wannan tushe na gina duk abin da ya biyo baya.

Da na rufe littattafai sai na nemi asali, domin ban taɓa jin tunani mai ɗorewa da ya faɗo daga sama ba, galibi wani ciwo ne yake haifar da shi. Ciwon da na ba garin nawa tsohon rikici ne a kan burtali da mashaya, wanda a can baya ya kai ga zubar da jini har aka rufe ƙofofin gari wata guda. Bayan ƙura ta lafa, dattawan da aka saba kira su shaidi iyakar gonaki suka yi alkawarin ba za su sake buɗe baki a kan wata taƙaddama ba sai sun zagaye wurin da ƙafafunsu, sun shiga ta inda manomi yake shiga, sun kuma biyo ta inda shanu suke biyowa. Daga nan aka riƙa ce musu Masu Zagaye. Wannan ban ɗauko shi daga nesa ba, domin duk wanda ya tashi a karkara ya ga yadda mai unguwa da sarkin noma da ardo suke zuwa duba ɓarna kafin a yi maganar biya. Abin da na yi kawai shi ne na tambayi kaina yadda wannan al'ada za ta kasance idan aka yi shekaru ɗari uku ana tunani a kanta, ana koyar da ita, ana jayayya a kan ma'anarta.

Ƙa'idarsu ta farko ita ce faɗin matsaya. Kafin mutum ya ba da shaida sai ya faɗi inda yake tsaye, da lokacin, da abin da zai samu ko ya rasa idan aka yarda da maganarsa. Don in gwada ko abin zai yi aiki, na rubuta shari'a guda daga farko har ƙarshe. Manomin ya fara da cewa yana tsaye a kusurwar gabas ta gonarsa bayan la'asar, dawa ta fitar da kai, kuma abin da shanu suka tattake shi ne cimar gidansa ta wata uku. Makiyayin ya ce yana bayan garke, ƙura ta hana shi ganin na gaba, hanyar da ya bi ita ce wadda mahaifinsa ya nuna masa tun yana yaro, kuma bana ya tarar ta tsuke har saniya biyu ba sa iya jerawa. Ina gama rubuta waɗannan shaidu biyu na ga cewa babu wanda ya yi ƙarya a cikinsu, kuma kowanne ya san wani abu da ɗayan ba shi da hanyar saninsa, mai ɗaki ai shi ya san inda yake masa yoyo. Ƙa'ida ta biyu ta fito ne daga nan, wato musayar tabarma: kowanne ya tashi ya koma kan tabarmar abokin shari'arsa, ya faɗi ƙarar abokin da bakinsa, kuma ba a ci gaba sai mai ƙarar ya ce haƙiƙa abin da yake nufi ke nan. Malaman Indiya na da suna da ɗabi'a makamanciyar wannan a rubuce-rubucensu, inda suke fara shimfiɗa ra'ayin abokin hamayya da cikakken ƙarfinsa kafin su mayar da martani.

Da wannan na tafi zaman karatun da muke yi da wasu marubuta, inda kowa yake karanta abin da ya rubuta a yi masa gyara. Na gama karantawa aka ɗan yi shiru, sai wata malama da ta girme ni, wadda ta daɗe tana koyar da adabi, ta cire tabarau ta ajiye a kan takardunta ta ce: "Malam, ina da tambaya biyu. Idan na ce koyarwar mutanen nan naka ƙarya ce tsagwaronta, ni ma ta wata fuska na yi gaskiya ke nan? Sannan wanda ya lakaɗa wa matarsa duka, shi ma za a shimfiɗa masa tabarma ya faɗi inda yake tsaye?" Tambayarta ta farko tsohuwa ce ƙwarai. Da ita Aflatun, masanin falsafar Girka, ya tunkari Furotagoras, mutumin garin Abdera da ya ce ɗan Adam shi ne ma'aunin komai, kuma da irinta Shankara, babban malamin falsafar Hindu na wajen ƙarni na 8, ya soki mabiya Jain, yana cewa idan babu maganar da take tabbatacciya to koyarwarsu ma ba tabbatacciya ba ce. Ta biyun ce ta fi tsaya mini a rai, domin makarantar da ba ta iya ce wa azzalumi ya yi zalunci ba ta cancanci a ɓata tawada a kanta ba.

Amsar da na samar ita ce ƙa'ida ta uku, wadda na ba wa muhimmanci fiye da sauran, kuma ita ce ta fi cin lokacina. Masu Zagaye ba su taɓa cewa kowace magana gaskiya ce ba. Abin da suke cewa shi ne babu shaida guda, komai amanar mai ita, da ta ƙunshi abin gaba ɗaya. Saboda haka bayan musayar tabarma sai a raba maganganun da aka ji kashi uku: abin da bambancin matsaya ya haifar, da kuskure, da ƙarya. Ma'aunin rabawar kuwa ƙafa ce. Fuska ta gaskiya ita ce wadda za a iya kama hannun wani a kai shi wurin, ya tsaya inda mai shaida ya tsaya, ya ga abin da ya gani. Idan makiyayi ya ce burtali ya tsuke, a je a auna da igiya, a nemo tsofaffin itatuwan da suke alamar iyaka. Idan manomi ya ce dami ashirin aka cinye alhali filin da aka tattake ba zai ba da goma ba, wannan kuskure ne idan ɓacin rai ya rufe masa ido, ƙarya ce idan ya sani. Mai dukan matarsa za a saurari abin da ya fusata shi, domin sanin dalili yana da amfani ga mai hukunci, amma babu wurin da za a kai mutum ya tsaya ya ga cewa raunin da yake jikinta babu shi, kuma da ya hau tabarmarta ya faɗi abin da ya faru da bakinta, shi da kansa ya yanke wa kansa hukunci. Game da tambayar farko, na sa dattawan sun amsa cewa koyarwarsu ma tana da matsaya, wato matsayar halittar da take da ido biyu a gaba kuma ba ta iya kasancewa a wuri biyu lokaci guda, kuma duk wanda ya fita daga wannan hali koyarwar ba ta hau kansa ba. A ganina wannan amsa ta rage kaifin sukar ba tare da ta kawar da ita ba, shi ya sa na bar wani almajiri a cikin labarin da bai taɓa gamsuwa da ita ba har ya bar garin.

Gwaji na gaba a zauren kawuna aka yi shi, tsohon alƙali da ya yi ritaya. Na same shi bayan la'asar a kan buzunsa, na gaishe shi, na karanta masa shari'ar yana saurare idanunsa a lumshe, carbi yana tafiya a hannunsa a hankali. Da na kai ƙarshe ya tsayar da carbin ya ce: "Ɗana, duk wannan ya yi kyau. Amma shanun nan suna bakin rafi da ƙishirwa, rana kuma tana faɗuwa. Wa zai ce a buɗe hanya ko a rufe?" Na ce: "Allah ya gafarta Malam, ai sai an gama zagayen." Ya ce zagaye ba ya ƙarewa, domin kullum akwai kusurwar da ba a tsaya ba, kuma alƙalin da yake jiran ya ga komai kafin ya yi hukunci ya riga ya yi hukunci, ya ba wa mai ƙarfi nasara, tunda shi ne jinkiri ba ya cutarwa. Sannan ya tuna mini wasiƙar da Sayyidina Umar ya aika wa Abu Musa al-Ash'ari a kan alƙalanci, inda ya gargaɗe shi kada hukuncin da ya yanke jiya ya hana shi komawa ga gaskiya idan ta bayyana masa yau. Kafin in tashi ya ƙara da wata tambaya, ya ce a shari'ar tawa mutum biyu kawai ya ji, shin su kaɗai ne suke amfani da rafin?

Daga wannan zama na fito da abubuwa biyu da suka kammala ginin. Na farko, dole a yanke hukunci kafin faɗuwar ranar da aka ƙayyade, kuma hukuncin ya hau kan kowa, sai dai a rubuta ra'ayin wanda bai yi nasara ba a kan takarda ɗaya da hukuncin, da kalmominsa, domin idan wata sabuwar fuska ta bayyana a sami inda za a koma. Daga baya na tarar cewa malaman Yahudawa da suka tattara Mishna, kundin dokokin addininsu, wajen shekara ta 200 miladiyya sun riƙa adana ra'ayin mutum ɗaya tare da na masu rinjaye saboda dalili mai kama da wannan. Na biyu, kafin a furta hukunci sai babban dattijo ya tambaya da ƙarfi ko akwai wanda abin ya shafa amma bai zo ba, kuma idan aka ambaci wani, a aika a kira shi ko a je inda yake.

Abin da ya rage shi ne in ba makarantar tarihi, tarihi kuwa ba ya rasa rarrabuwa. Na raba magadan dattawan gida biyu. Gida ɗaya ya zurfafa a zagaye har ya daina yanke hukunci, attajirai suka gane amfaninsa, duk talakan da ya kawo ƙararsu sai su nemi a kai maganar can, ta yi shekaru ana neman ƙarin fuskoki. Ɗaya gidan ya riƙe siffar ya saki ruhin, ana musayar tabarma cikin minti kaɗan, kowa ya maimaita ƙarar abokinsa da gatse a wuce wurin. Na kuma ba su babban abokin adawa, wani sarkin yaƙi wanda yake cewa garin da yake sauraren kowa ba zai iya rufe ƙofa a kan mahara ba, kuma na yi ƙoƙarin sa masa hujjoji masu ƙarfin da ni kaina sai na yi tunani kafin in amsa su, domin rashin adalci ne in rubuta littafi a kan musayar tabarma sannan in hana abokin hamayya tasa. Zantukan hikimar da ake jingina wa dattawan farko kuwa ban yawaita su ba, na kuma bar biyu daga ciki suna karo da juna, kamar yadda ake samu a duk abin da aka gada baki da baki.

Da duk wannan a hannu na koma kan labarin, na sake rubuta shari'ar burtali a matsayin babi cikakke. Da babban dattijo ya tambayi wanda bai zo ba, wani yaro ya ce matan unguwar ƙasa, waɗanda suke ɗiban ruwan sha a gangaren mashayar, kuma tun da shanu suka sauya wurin sauka suke ɗibar ruwa gurɓatacce. Aka je aka same su, aka tsaya inda suke tsayawa, aka ga ruwan. Hukuncin da ya fito bai yi daidai da buƙatar manomin ba, bai kuma yi daidai da ta makiyayin ba: makiyayin zai biya dami takwas, manomin zai janye shukarsa zuwa layin tsofaffin itatuwan iyaka bayan girbi, mashayar kuma za a mayar da ita ƙasa da inda mata suke ɗiban ruwa. Manomin bai gamsu ba, yana mai cewa itatuwan da aka kafa hujja da su ba su ne na asali ba, aka rubuta maganarsa yadda ya faɗe ta a ƙasan hukuncin. A babin da nake kan rubutawa yanzu, ɗansa ne yake dawowa da wannan takarda bayan shekaru masu yawa, lokacin da ambaliya ta sauya wa rafin hanya ta tono kututturan wasu itatuwa a wurin da mahaifinsa ya nuna.